Ƙirjin Talotalo a Tukunyar Lantarki: Abin Da Ya Kamata Uwargida Ta Sani Kafin Ta Jona Wuta

Assalamu alaikum, Malam Edita.

Muna roƙon ka ba mu fili a wannan jarida tamu mu yi magana a kan wani lamari na madafi, wanda a ido ƙarami ne, amma yana jawo asarar nama mai tsada, wani lokacin ma har da ciwon ciki ga mutanen gida. Tukunyar lantarkin nan mai dafa abinci a hankali, wadda wasu ke kira da sunan Crock-Pot, yanzu ana ganin ta a kayan kicin ɗin amare a nan Katsina, ana kuma samun ta gwanjo a wurin masu sayar da kayan wuta. Matanmu suna kallon bidiyon girki na Amurka a waya: a ɗauko ƙirjin talotalo, a saka a tukunya da safe, a kulle gida a tafi aiki, a dawo da yamma a tarar da nama yana naso. Sai uwargida ta gwada, ta tarar da nata ya bushe yana warwarewa kamar igiyar rama, ta ce tukunyar ce ba ta da kyau, ta mayar da ita saman kantar kicin ta ci gaba da shan ƙura. Laifin ba na tukunya ba ne. Ƙirjin talotalo nama ne da ake saukewa da ma'aunin zafi, kuma wutar lantarkinmu ba irin tasu ba ce. A kan waɗannan biyun muke son mu yi bayani.

Asalin wannan tukunya wani mutumin Amurka ne mai suna Irving Naxon ya ƙirƙiro ta, ya samu takardar mallakar fasahar a 1940, kuma don dafa wake ya yi ta. Daga baya kamfanin Rival ya saye, ya fito da ita da sunan Crock-Pot a 1971. Wannan tarihin yana da amfani ga mai girki, domin yana nuna abin da aka gina ta a kai, wato abinci mai taurin kai da ke son doguwar dahuwa. Sassanta uku ne: gangar ƙarfe ta waje mai waya mai zafi a jikinta, kaskon tangaran mai kauri da ake sakawa a ciki, sai murfin gilashi. A maɓallinta za a ga an rubuta Low da High da Warm. Na farko ƙaramar wuta, na biyu babbar wuta, na uku kuwa ɗumi ne kawai na ajiye abin da ya riga ya dahu, ba a dafa ɗanyen nama da shi ko kusa. A yawancin tukwanen, ƙaramar wuta da babbar duk suna kaiwa dab da tafasa daga ƙarshe, bambancinsu shi ne tsawon lokacin da kowacce ke ɗauka kafin ta kai. Don haka wadda ta ce ai a ƙaramar wuta na bar shi, ba zai wuce dahuwa ba, ta yi kuskure.

Ƙafar sa da ganda da jelar sa da cinyar tsohon zakara duk cike suke da jijiya da yauƙin gaɓa. Idan suka daɗe a wuta, wannan jijiyar ce ke narkewa ta zama romo mai danƙo, shi ya sa duk daɗewarsu sai ƙara daɗi suke yi. Ƙirjin talotalo ba shi da wannan arzikin. Farar tsoka ce zalla, kitsenta kaɗan, jijiyarta kaɗan. Da zarar zafin cikinta ya haura digiri 65 a ma'aunin Salshiyas, zaren naman yana ƙara tsukewa yana matso ruwan jikinsa waje, kamar yadda ake matse tsumma. Lafiya kuwa tana buƙatar ya kai digiri 74, wanda shi ne 165 da ake gani a girke-girken Amurka, domin su da Faranhait suke awo. Tsakanin ya dahu lafiya da ya bushe tazarar 'yar kaɗan ce. Idan aka bar shi ya kai 85 ko 90, ko a cikin ruwa yake iyo, a baki sai a ji shi kamar auduga. Mutane da yawa suna mamakin yadda nama zai bushe a cikin romo. Ruwan da ke kewaye da shi ba ya komawa cikin zaren da ya riga ya tsuke.

Sai batun wane talotalo za a saya. Iri biyu ne a hannun mutane. Akwai na gida, wanda ake kiwo a tsakar gida ana kawowa kasuwannin ƙauye irin su Charanchi da Mai'aduwa. Wannan ya yi yawo, ya yi shekaru ko watanni masu yawa, ƙirjinsa siriri ne mai ɗan tauri da ɗanɗano mai ƙarfi, kuma sau da yawa bai wuce kilo ɗaya da rabi ba har da ƙashi. Akwai kuma farin nan na gidan gona mai faɗin ƙirji, wanda ƙirjinsa kaɗai kan kai kilo biyu da rabi zuwa uku ko fiye. Girke-girken intanet duk a kan na biyun aka rubuta su. Wadda ta ɗauki sa'o'i shida ko bakwai da aka faɗa can ta ɗora a kan ƙirjin talotalon gida, ta kashe shi sau biyu. A sa mai nama ya ɗora a sikeli, a san nauyin tun daga kasuwa, domin gishiri da lokaci duk a kan nauyin ake lissafa su. Idan girkin da ake bi da fam aka rubuta, fam ɗaya giram 454 ne, wato kilo ɗaya ya ɗan haura fam biyu.

Game da daskararren da ake sayarwa a kwali, muna da magana biyu. Dokar Najeriya ta hana shigo da daskararrun kaji da talotalo daga waje, don haka wanda ya shigo ta ɓarauniyar hanya babu mai iya cewa sau nawa ya narke ya sake daskarewa kafin ya iso. Sannan ga tambayar wanda ya yanka da yadda aka yanka, wadda Musulmi ba ya wasa da ita. A ganinmu gara a sayi mai rai a yanka a gaban ido, ko a saya daga gidan gonar da aka sani. A zaɓi ƙirji mai ƙashi da fatarsa. Ƙashin yana rage saurin shigar zafi, fatar kuma tana kare saman naman daga bushewa.

Idan naman daskararre ne, haramun girki ne a jefa shi tukunyar nan da ƙanƙararsa. Tukunyar a hankali take ɗaukar zafi, don haka naman zai daɗe a tsakanin digiri 4 da digiri 60, inda ƙwayoyin cuta irin su salmonela ke hayayyafa, wasunsu suna ninka yawansu duk bayan kamar minti 20. A narkar da shi a firiji, kwana ɗaya ga kowane kilo biyu, a cikin roba a can ƙasa yadda ruwansa ba zai ɗiga a kan wani abinci ba. In wuta ba ta tsayawa har firiji ya riƙe sanyi, a ɗaure shi a leda mai kauri wadda ba ta yoyo, a nutsa a ruwan sanyi, ana sauya ruwan duk rabin awa. Kilo ɗaya yana cin kamar awa ɗaya, kuma da ya narke a dafa nan take. Ruwan randa da ɗan ƙanƙara ya fi ruwan tankin da ya sha rana. Shanya nama a tire a tsakar gida don rana ta narkar da shi, musamman a watan Afrilu da zafin Katsina ke haura digiri 40, neman cuta ne da kuɗin mutum.

Wankin nama ma akwai gyara. Wanda aka yanka a gida dole a wanke jini da ragowar gashi, amma a yi a cikin roba, nesa da kayan salak da kwanukan ci, kar a sakar masa famfo ruwan yana fantsama ko'ina. Lemun tsami yana rage ƙarni, ba ya kashe salmonela, wuta ce ke kashe ta. Bayan an gama a wanke robar da wuƙa da katakon yanka da hannu da sabulu, sannan a tsane naman da tsumma mai tsabta har ya bushe.

Yanzu ga abin da ya fi kowane kayan ƙamshi muhimmanci, wato gishiri da lokacin sa shi. A auna giram 10 ga kowane kilo ɗaya na nama. Ƙaramin cokalin shayi a shafe, ba a tsiri ba, yana ɗaukar kusan giram 6 na gishiri mai laushi, ke nan ƙirji mai kilo biyu da rabi cokali huɗu zai ci. In za a sa magi a rage, duk dunƙule uku a cire cokalin gishiri ɗaya. A zura yatsu tsakanin fata da tsoka a hankali a ɗaga fatar ba tare da an yaga ta ba, a shafa gishirin a kan tsokar kanta, a juya a shafa ta wajen ƙashi, a mayar da fatar. A sa a firiji ya kwana, daga sa'o'i 12 zuwa 24. Da farko gishirin zai jawo ruwa waje, a ga naman yana gumi. Kar a zubar, a bar shi. Ruwan zai narkar da gishirin ya koma ciki, ya sassauta zaren naman yadda in ya ji wuta ba zai matse sosai ba. Wannan kwanan shi ne bambancin naman da ke da ɗanɗano har tsakiya da wanda gishirinsa ya tsaya a fata. Wadda ba ta da firiji mai riƙe sanyi kar ta kwanar da shi, ta shafa gishirin ta ɗora nan take. Idan kuma a leda aka sayo shi an rubuta cewa an riga an yi masa ruwan gishiri, a rage gishirin zuwa rabi ko ƙasa da haka.

Kayan ƙamshi, ga ƙirji mai kilo biyu da rabi: man shanu babban cokali uku, tafarnuwa ƙwara shida a daka, busasshiyar citta ƙaramin cokali ɗaya, masoro rabin cokali, kori cokali ɗaya, garin tattasai ko barkono marar zafi sosai cokali biyu don launi, kanumfari ƙwara biyu ko uku kacal, da kimba ɗaya. A cakuɗa da man shanun, a cusa kashi biyu cikin uku a ƙarƙashin fata, sauran a shafe sama. Muna jan hankali a kan kanumfari da kimba. A tukunyar gas tururi yana fita da wani kaso na ƙarfinsu, a nan kuwa murfi a rufe yake sa'o'i biyar, komai yana komawa cikin romo. Kanumfari goma za su mayar da naman kamar maganin haƙori. Kimba kuma a fasa ta a zubar da 'ya'yan cikin, domin su ne masu ɗaci, a jefa ɓawon a romo a tsame daga baya.

Akwai abubuwan da aka saba sa wa nama don ya yi laushi waɗanda a nan ɓarna suke yi. Kanwa ba ta da aiki a wurin. Ganyen gwanda da ɗanyar gwanda da abarba suna da sinadarin da ke cin tsoka, haka ma ɗanyar citta. Idan aka jiƙa ƙirji da su ya kwana, sannan ya shiga tukunyar da ke ɗumama a hankali, samansa sai ya dame ya zama kamar fate, cikinsa kuma bai tsira daga bushewa ba. Shi ya sa muka ce busasshiyar citta. Mai son ƙamshin ɗanyar ta yanka ta fale-fale ta zuba a ƙasan tukunya.

Shimfiɗar ƙasa ita ce gaba. A yanka manyan albasa biyu da kauri kamar yatsa, da karas uku gunduwa-gunduwa, a jera a gindin kaskon. Su ne matashin da naman zai hau don kar ya zauna cikin ruwa ya koma dafaffen nama na miya. Ruwa ko romon kaza rabin kofi ya isa, wato kamar mililita 120. Hannun da ya saba da tukunyar murhu zai so ya ƙara, a daure. A nan ruwa ba ya ƙonewa, tururin yana taruwa a murfi ya koma, naman da albasar kuma za su fitar da nasu, har a tarar da kofi biyu ko fiye a ƙarshe. A ɗora ƙirjin fata na kallon sama. Tukunya mai lita biyar da rabi zuwa shida, mai siffar ƙwai, ita ke ɗaukar babban ƙirji, mai lita uku da rabi kuma ta ishi na gida. Ana so abin da ke ciki ya kai rabi, kar ya wuce kashi biyu cikin uku. Murfi dole ya zauna daram. In ƙashin ƙirjin ya tokare shi, a sare ƙashin baya da haƙarƙari, ko a raba ƙirjin biyu. Murfin da ke a karkace yana zubar da zafi, naman ya daɗe bai kai inda ake so ba. Kuma kar a cusa shinkafa ko wani abu a cikin ramin ƙirjin.

A kunna babbar wuta na awa ɗaya don naman ya yi saurin tsallake zangon haɗarin nan na digiri 4 zuwa 60, sannan a mayar ƙaramar wuta. Ƙirji mai kilo ɗaya zuwa ɗaya da rabi a fara auna shi bayan sa'o'i biyu da rabi. Mai kilo biyu da rabi zuwa uku a fara bayan huɗu da rabi, yawanci yana kaiwa tsakanin biyar da shida. Mun ce a fara aunawa, ba mu ce a sauke ba, domin tukwane sun bambanta, sababbi sun fi tsofaffi zafi, ƙarfin wutar unguwa ma yana sauya lissafi. Kafin lokacin nan kar a ɗaga murfi don leƙe ko shaƙar ƙamshi. Duk ɗagawa ɗaya tana ƙara kamar minti 20 a kan lokacin dahuwa, kuma ai don a gani aka yi murfin da gilashi.

Da azumi, mai son naman buɗa-baki ta ɗora babban ƙirji wajen sha biyun rana, ya sauka bayan la'asar ya huta. Ɗorawa bayan sahur a bar shi har magariba ya yi yawa ƙwarai. Haka nan jera ɗanyen nama a tukunya tun safe da niyyar wani ya kunna da azahar ba daidai ba ne, naman ya zauna a firiji har lokacin kunnawa.

Ma'aunin zafin nama ɗan ƙarfe ne mai tsini kamar tsinken tsire, da allon lamba a kansa. Ana samu wurin masu sayar da kayan kek da kayan kicin, kuma kuɗinsa bai kai na talotalo ɗaya ba. Na asibiti da ake sa wa yara a hammata ba ya wannan aikin, iyakarsa digiri 42, na gilashin ma fashewa zai yi ya zuba guba a abinci. A gwada sabon ma'auni kafin a yarda da shi. A kofin da aka cika da ƙanƙara da ɗan ruwa ya nuna sifili, a tafasasshen ruwa kuma ya nuna kusan 98, domin Katsina tana kan tudu kimanin mita 500 sama da teku, ruwa yana tafasa kafin 100. Wajen aunawa a soka a inda tsokar ta fi kauri, daga gefe zuwa tsakiya, kar tsinin ya taɓa ƙashi. A auna ɓangaren dama da na hagu, a ɗauki lambar da ta fi ƙanƙanta. In ta nuna 68 ko 70, a rufe a dawo bayan minti 15, domin a ƙarshen nan zafin yana hawa da sauri. Da ta nuna 74, a ciro naman daga kaskon gaba ɗaya. Kashe wuta a bar shi ciki bai isa ba, tangaran yana riƙe zafi ya ci gaba da dafa shi.

Wadda ba ta da ma'auni za ta tsaga wuri mafi kauri har ƙashi ta duba: tsokar ta zama fara, babu sheƙin ɗanye, ruwan da ke fita garau. Wannan dabara ce ta dole, ba ta kai ma'auni ba, domin launi yana ruɗi. Wani naman yana riƙe ɗan ja kusa da ƙashi bayan ya dahu sarai, wani kuma ruwansa ya washe tun bai kai ba.

Malam Edita, mun zo kan abin da ya fi damun mu, wato wuta. Farko a kifa tukunyar a karanta abin da aka rubuta a gindinta. Wadda aka yi don kasuwar Amurka za a ga 110V ko 120V, tamu kuwa 220V zuwa 240V ce. In aka jona ta kai tsaye za ta ja ƙarfi kusan ninki huɗu na abin da aka gina ta a kai, wayarta ta ƙone, wani lokacin har da gobara. Sai da na'urar rage ƙarfin wuta wadda ta fi ƙarfin tukunyar. Ta gwanjo kuma, ko da ƙarfin wutarta ya dace, a gwada ta da ruwa kafin a ba ta nama: a zuba ruwa zuwa kashi biyu cikin uku, a rufe, a kunna ƙaramar wuta sa'o'i takwas, a auna da sauri da ɗaga murfi. Ana so a ga digiri 85 ko sama. In bai kai ba, wannan tukunyar ba ta nama ba ce.

Raunin wuta ma matsala ce da ba a lura da ita. Ranar da ƙwan lantarki ke ja kamar garwashi, fanka na juyi da ƙyar, zafin tukunya yana raguwa fiye da yadda ake zato. Idan wutar da ya kamata ta zo 230V ta sauko 180V, abin da tukunyar ke bayarwa kusan kashi 60 cikin ɗari ne kawai. A irin wannan ranar a bar ta a babbar wuta, ko a haƙura a koma gas. Masu sola kuwa tukunyar ta dace da su, domin yawancin tukwanen wat 150 zuwa 300 suke ja, ba kamar dutsen guga ko hita ba. Amma a yi lissafi. Mai wat 200 a sa'o'i shida ta ci wat-awa 1,200. Batir ɗaya mai 12V da 200Ah wat-awa 2,400 yake ɗauka, kuma irin na ruwa ba a so a zuƙe fiye da rabinsa. Ke nan da dare tukunyar kaɗai za ta cinye rabon gidan. A yi girkin da rana, daga hantsi zuwa la'asar, lokacin da faranti ke shan rana.

Idan aka ɗauke wuta ana tsakiyar dahuwa kuma akwai mutum a gida, kar a zauna jiran a dawo da ita. A tayar da janareta, ko a juye naman da romonsa a tukunyar ƙarfe mai murfi, a ɗora a gas ko kurfoti a wuta kaɗan har ya kai 74. Kaskon tangaran ɗin kansa ba a ɗora shi a kan harshen wuta, tsagewa zai yi. In naman ya riga ya dahu kafin a ɗauke, zai iya zama a rufe har sa'o'i biyu. Abin tsoro shi ne a ɗauke wuta babu kowa a gida. Tukunya mai maɓallin murɗawa za ta ci gaba da aiki in an dawo da wuta, uwargida ta shigo ta tarar da fitila a kunne, nama da zafinsa, ba ta san ya yi sa'o'i uku yana ɗumi-ɗumi ba. Mai allon lamba kuma yawanci ba ta tashi da kanta, sai a tarar da ita a mace. Hukumar aikin gona ta Amurka, wadda ke fitar da ƙa'idojin lafiyar nama a can, ta ce a irin wannan hali a zubar ko da naman ya yi kamar ya dahu, kuma mun yarda da ita. Wasu ƙwayoyin cutar suna barin dafi a nama wanda sake tafasawa ba ya kashewa, kuma hanci ba ya jin sa. Mun san zubar da nama mai wannan tsada akwai ciwo, amma amai da gudawa a gidan da ke da jarirai da mai juna biyu da tsofaffi ya fi ciwo. Shi ya sa muke cewa a garinmu, wanda wutarsa ba sola ko inbata ba ce, kar ya ɗora nama a tukunyar nan ya kulle gida.

Fatar da ta fito daga wannan tukunya fara ce, laɓe-laɓe, ba ta da sha'awa, domin tururi ba ya gasa abu. Gyaran ba wuya. A tsane ta, a shafa ɗan man gyaɗa ko man shanu, a sa a obin a wutar sama minti biyar zuwa takwas ana kallo. Wadda ba ta da obin ta hura gawayi ya zama garwashi marar harshe, ta kifa ƙirjin a kan wayar gashi fata na kallon wuta, minti uku zuwa biyar, ta barbaɗa yajin ƙuli-ƙuli a minti na ƙarshe, domin yana saurin ƙonewa ya yi ɗaci. Launi kawai ake nema, naman ya riga ya dahu. Daga nan a ajiye shi a tire a rufa masa kwano sama-sama, minti 15 zuwa 20. In aka yanka da zafinsa, ruwan da aka sha wahalar tsarewa zai malale a katako. Wajen yanka a bi gefen ƙashin tsakiya da wuƙa mai kaifi a ciro kowane ɓari sukutum, sannan a yanka a gicciye, ana datse zaren naman, kaurin rabin yatsa. In aka bi tsawon zaren, ko naman ya yi kyau sai ya yi wuyar tauna.

Romon da ya rage a kasko dukiya ne. A tace da rariya, a bar shi ya kwanta, a kwashe man da ya taso. A zuba babban cokali biyu na man a tukunya, a soya fulawa cokali biyu a ciki minti biyu har ta yi ƙamshi, a riƙa zuba romon kofi biyu kaɗan-kaɗan ana juyawa don kar ya yi gudaji, a jefa dakakken attaruhu, a ɗanɗana kafin a ƙara gishiri. Yana tafiya da sinasir da masa da alkubus da gurasa, in kuma ba a so a kaurara shi, a dafa shinkafa dafa-duka ko taliya da shi. Ƙashin ma a mayar tukunya da cinyoyi da fukafukai, waɗannan su ne ke son doguwar dahuwar da ƙirji ba ya so.

Abin da ya saura a yanka ƙanana, a zuba a roba marar zurfi da ɗan romo a kai, a sa firiji kafin sa'o'i biyu, lokacin bazara kuwa kafin awa ɗaya. Kar a tura kaskon gaba ɗaya cikin firiji, kaurinsa yana hana abinci saurin hucewa. Yana kwana uku zuwa huɗu in sanyin bai yanke ba, fiye da haka sai firiza. Ɗumame a yi shi a gas da romonsa har ya yi zafi sosai, ba a tukunyar lantarkin ba, don tana jinkirin ɗaukar zafi. Kaskon kuma a bar shi ya huce da kansa kafin ya ga ruwa, kar a dire shi da zafinsa a kan tayil ko siminti mai sanyi, a sa masa katako ko tsumma a ƙasa. In ya yi tsaga ko da siririya ce kamar gashi, romo zai riƙa shiga ciki yana ruɓewa, sai a nemi wani kaskon.

Mun gode da wannan fili, Allah Ya ƙara wa jarida ɗaukaka. Wassalam.

Daga wasu masu sana'ar girkin biki,
Ƙofar Ƙaura, Katsina.